Rumbun da Habibu Ya Ƙona a Nijar

Tun da na dawo ban huta ba. In na je injin niƙa a tare ni, in na je suna a ja ni gefe, har matar liman da ba ta cika magana ba ta aiko wai in na samu sarari in leƙo. Tambayar kowa ɗaya ce: yaya Nijar take, kuma me na gano game da Habibu? Bakina ya gaji da maimaitawa, shi ya sa na ce bari in zauna in rubuta da ɗan yaƙi da jahilcin da na yi, wanda ya iya karatu ya karanta wa wanda bai iya ba.

Ga wanda bai san mu ba, sunana Uwani, ƙauyenmu yana bayan Tsanyawa. Ni ba matafiyiya ba ce. In aka ɗebe Bichi da asibitin Kano da aka taɓa kwantar da ni, ban san ko'ina ba. Habibu kuwa shi ne na uku a 'ya'yana, kuma shi kaɗai ne namijin da marigayi ya bar mini. Da aka gama noma na biyu sai ya ce zai je Kano wurin wani abokinsa da ke ɗaukar wa masu shirya fim kaya. Na yi masa addu'a ya tafi. Da farko yana kira, daga baya wayar ta daina shiga.

Ana cikin haka sai wani ɗan guntun bidiyo ya shigo gari, yana yawo daga waya zuwa waya. A makon ne kuma 'yan bindiga suka faɗa wa wani ƙauye ta wajen Katsina, kowa hankalinsa a tashe. Da aka nuna mini sai da na nemi wuri na zauna. Habibu ne, ba kama ba. Yana sanye da kaki, da jar hula, bindiga a rataye, ga damin ciyawa mai ci da wuta a hannunsa yana cinna wa bukka, mata na gudu suna ihu. Samari suka ce ai fim ne. Abokin nasa ma da aka kira ya ce fim ne, sun tsallaka Nijar wajen Matamaye. Dattawa suka ce wane irin fim ne ake ƙona ɗakin gaske, kuma aboki ai dole ya rufa wa abokinsa asiri. 'Yan sintiri suka zauna suka ce duk ranar da ya sa ƙafa a gari za su tafi da shi su yi masa tambayoyi. Mu kuwa mun san ba duk wanda aka tafi da shi tambayoyi ne yake dawowa da ƙafarsa ba.

A nan sai in gaya muku wane ne Ɗanlami. Ƙanin marigayi ne, mai gyaran keke a gindin dalbejiyar bakin masallaci, mutumin da ko kaza sai dai ya kai wa wani ya yanka masa. Lokacin da mai unguwa ya ce kowane gida ya ba da namiji ɗaya a sintiri, maza biyu ne a gidanmu, shi da Habibu. Ya ce yaro ya zauna, shi zai je. Shekarar da ta wuce, bayan an kwashe shanun maƙwabta, 'yan sintiri suka fita da safe zuwa wata ruga a bakin rafi. Abin da ya faru can ba mai faɗa, mu dai mun hango hayaƙi. Tun ranar wasan ƙanin miji da muke yi da shi ya ragu, sai dai jefi-jefi.

Mai unguwa ya ce uwa ba ta yi wa ɗanta shaida, amma in na yarda in tafi Nijar ɗin tare da Ɗanlami. Abin da ya gani da idonsa, shi gari zai karɓa.

Na haɗa kayana: daddawa, kuka, yaji, ƙuliƙuli, da zannuwa uku. Da Ɗanlami ya ga ƙunshin sai ya ce, "Yaya Uwani, dubiya za mu ko ƙaura?"

Na ce, "Ɗauki, ƙaramin miji. Ranar amfaninka ce yau."

Ya ɗauka, amma bai rama ba. A da sai ya mayar mini da uku.

Daga Tsanyawa muka shiga ƙaramar bas zuwa Kunci, daga nan Kazaure. Direban ya cusa mu kamar buhunan gyaɗa, ƙafata ɗaya a kan taya ɗaya a kan kwandon wata mata mai zabi. Tun kafin mu yi nisa wani mai farar shadda ya fara toshe hanci yana tambayar wa ya ɗauko mushe. Na ce masa daddawa ce, kuma in uwarsa ta ƙauye ce da ita aka yaye shi. Motar ta ɗauki dariya, shi ma ya dara, har ya nemi in sayar masa da ƙulli ɗaya, na ba shi kyauta. A Kazaure da aka tsaya, zabuwa ɗaya ta ɓalle daga kwandon. In kun ga yadda manyan mutane da manyan riguna suka bi ta tsakanin masu rake! Ɗanlami ne ya kama ta a ƙarƙashin wata tifa, ya fito da baƙin mai a goshi. A nan kaɗai na ga haƙoransa duk tsawon hanyar zuwa.

Mun yi azahar a Daura, muka ci shinkafa da wake a bakin tasha, sannan muka hau wata motar zuwa Kwangwalam, inda iyakar take. Ni a zatona zan ga katanga mai tsayi ko wani babban kogi. Ashe ƙarfe ne aka gitta a hanya da 'yan rumfuna. Geron da ke wannan gefe shi ne a wancan gefe, an yanke an jera dami iri ɗaya. Na tambayi wata mai fura ko ita 'yar ina ce, ta ce ɗakinta yana Nijar, rijiyar da take ɗiba tana Najeriya.

Jami'an can ana ce musu jandarma. Ɗaya ya duba katunanmu, ya shafa Ɗanlami, sai hannunsa ya ci karo da guru da layun da 'yan sintiri ke ɗaurawa. Ya sa shi ya kwance su duka a kan tebur, ya tambaye shi ko shi soja ne. Ɗanlami ya sunkuyar da kai ya ce shi mai gyaran keke ne. Da ya juyo kaina yana tambayar abin da ya kawo mu, sai kawai na ce a nuna masa bidiyon, don ni ban iya ɓoye-ɓoye ba. Na ce a raina yau ko a kama mu ko a taimake mu. Mutumin nan ya kalla, ya kwashe da dariya, ya kira abokin aikinsa.

Ya ce, "Inna, ai duk yankin nan an san da su. Ƙanina ma yana ciki, gawa yake fitowa. Kullum sai ya mutu ya tashi ya ci abincin rana."

Na yi hamdala. Na dubi Ɗanlami na ce to ka ji. Ya ce shi ba a aiko shi ya ji a bakin kowa ba, idonsa gari ke jira. Na san gaskiyarsa ce.

Mun isa Matamaye bayan la'asar, aka ce babu abin hawa zuwa ƙauyen sai da safe. Wata mai tuwo a tasha ta ji muna shawara, ta ce in zo gidanta, shi kuma ya kwana a zauren maƙwabcinta. Ban san ta ba, ba ta san ni ba, amma ta shimfiɗa mini tabarma a kan yashi mai laushi a tsakar gida, ta kawo fura a ƙwarya wadda ludayi ke tsayawa a cikinta. Su can fura ba abin marmari ba ce, ita ce abincin rana. Da safe kuma aka kawo wani dogon burodi kamar taɓarya, mai tauri a baya, na rasa ta inda zan fara, sai da ta nuna mini yadda ake tsoma shi a madara. Hausarsu tamu ce, sai dai suna tsarma wasu kalmomi na Faransa, makaranta ma lakwal suke ce mata. Na buɗe ƙunshina na ɗiba mata kuka da yaji. Ta ɗanɗana yajin ta ce mu Kanawa ba mu da tausayin harshe.

A amalanken jaki muka ƙarasa, kuma mace ce ke tuƙa shi, goyo a bayanta, abin da ban taɓa gani a wajenmu ba. Da muka iso sai na ga ƙauye biyu. Ɗaya na gaske, mai masallaci da rijiya da awaki. Ɗaya kuma can gefe a fili, bukkoki ne sababbi da aka yi don a ƙona, rabinsu har sun zama toka. Ga motoci, ga wayoyi a ƙasa kamar igiyar guga, ga samari da jajayen huluna zaune a inuwa suna shan shayi.

Ɗaya daga cikinsu ya miƙe ya sheƙo da gudu. Ya zo gabana ya durƙusa, ya cire hular. Na sha cewa a hanya in na gan shi sai na wanke shi da faɗa. Amma sai na dafa kansa kawai. Ya rame, ya yi baƙi, amma lafiyarsa lau. Ya ce layinsa ne ba ya aiki a can, kuma bai san wani ya ɗauki guntun ya watsa ba. Da Ɗanlami ya gaya masa abin da ake cewa a gida, sai ya dafe kai yana salati.

Shi ya ba mu labarin fim ɗin. Ya ce tun zamanin kakannin kakanninmu, Turawan Faransa sun ratso ƙasar da sojojin da suka kwaso dole. Manoma ne da makiyaya, a je wa mai gari a ce ya kawo mutum kaza, a ɗaure su a tafi da su, a ba su kaki da bindiga. Duk garin da ya ƙi ba da abinci, su ake sawa su ƙona shi, wanda ya ƙi a harbe shi a gaban 'yan'uwansa. Ya ce shi kaya aka ɗauke shi ya riƙa ɗauka, sai mai shirya fim ɗin ta ga tsayinsa da ramarsa ta ce shi take nema.

Ɗanlami ya ce, "Gida-gida ake ɗauka?"

Habibu ya ce, "Gida-gida, Baffa."



Akwai Bature ɗaya a cikinsu, shi ke fitowa a shugaban sojojin. Ya zo da ƙwaryar fura a hannu ya rusuna ya ce, "Inna, sannu da hanya," da wata Hausa mai santsi. Na amsa. Amma da na ga yadda yake daka wa yaran nan tsawa in an fara ɗauka, jijiyar wuyansa a miƙe, da ya sake gaishe ni da rana sai na kau da kai. Habibu ya yi ta ba ni haƙuri wai aikinsa ne. Na ce na sani, amma a bar ni in huce tukuna.

Ranar ce za a ɗauki babban wurin, inda ake ƙona rumbun gari. An saƙa rumbu na zana mai kyau a kan duwatsu. Ina matsawa sai na ga ashe a cike yake da damin gero na gaske, sabon yanka, zangarniya manya-manya. Kaina ya yi zafi. Na nemi mai shirya fim ɗin, wata 'yar Damagaram da suke ce wa Madam, siririya mai wando da ɗankwali. Na ce mata baiwar Allah, a shekarar da kwanon gero ya gagari talaka za ku cinna wa abinci wuta? Ba ta ji haushi ba. Ta ce ita ma zangarniyar da aka sussuke ta so a zuba, mutanen garin ne suka ƙi. Ta kama hannuna ta kai ni wurin wata tsohuwa da ke zaune a gindin gawo, sunanta Kaka Dije.

Tsohuwar ta sa na zauna kusa da ita. Ta ce garinsu ne aka ƙona a wancan zamani, kakarta tana yarinya, ta ɓuya a cikin kara tana kallo. Har ta mutu ba ta cika zancen gawarwaki ba, zancenta kullum warin geron da ya ƙone, wai ya yi wata guda a hancin mutane. Shi ya sa da aka zo da maganar fim, kowane gida ya kawo dami ɗaya da kansa, ba wanda ya roƙe su. Ta ce kuma sojan da aka sa ya cinna wutar Bahaushe ne, yaro, yana kuka. Da Baturen ya juya baya sai ya sa ƙafa ya shure 'yan zangarniya zuwa cikin ciyawa. Waɗanda suka rage da rai su suka tsince su, da su aka yi iri. Ta nuna gonakin da ke kewaye da mu ta ce duk jikokin wannan shurin ne.



Rana ta karkata aka fara. Aka jera yaran, aka miƙa wa Habibu wuta, Baturen ya daka tsawa ya nuna rumbu. Habibu ya taka har gindinsa ya tsaya. Hannunsa na rawa, wutar na cin ciyawar tana matsowa yatsunsa, har ya yar da ita. Aka tsaya. Madam ta je ta yi masa magana a hankali, aka sake. Haka ya ƙara yi. Na uku ma haka. Ni na san abin da ke damunsa. Yaron da tun yana rarrafe in ya zubar da tsaba ake sa shi ya tsince ɗaya-ɗaya, yaron da ya san zafin ranar da ake sha kafin dami ɗaya ya samu. Ya gaya wa Madam bukka daban, hatsi daban, a sa wani. Ga rana tana tafiya, rumbun kuma guda ɗaya ne.

Sai Kaka Dije ta dogara sandarta ta tashi. Ta ratsa wayoyin nan har gabansa, ta kama hannun da ke rawa.

Ta ce, "Ɗana, geron namu ne, mun ba ka. Wancan sojan ma haka hannunsa ya yi. In ba ka ƙona ba, jikokinmu za su ce tatsuniya muke yi musu."

Aka sake miƙa masa wuta. Hawaye na zuba a fuskarsa ya cinna. Da Baturen ya juya, ya sa ƙafa ya shuro zangarniya. Wutar ta tashi, geron ya fara fashewa kamar ana gugguru, sannan warin ya iso. Ba zan iya kwatanta muku shi ba. Kun san ƙaurin tuwo in ya kama a tukunya? To ku ninka shi, ku haɗa da sanin cewa abincin shekara ne. Matan garin da aka ce su yi kuka, ba wanda ya ƙara ce musu su yi. Ni ma da ba na ciki na yi nawa.

Da aka ce an gama na waiga ban ga Ɗanlami ba. Na same shi a bayan gawon, zaune a ƙasa, kansa tsakanin gwiwoyinsa. Na ajiye masa buta na zauna nesa kaɗan. Can ya ɗago.

Ya ce, "Yaya, haka warin yake."

Ban tambaye shi inda ya sani ba.

Mun ƙara kwana biyu har Habibu ya gama nasa. Ranar tafiya Kaka Dije ta ƙulle mini zangarniyar da ya shuro a bakin zanena, ta ce in kai Kano ta ga dangi. Baturen ma na amsa gaisuwarsa, har na ba shi sauran ƙuliƙulina. A Kwangwalam jandarman nan ya gane mu, ya ƙame ya sara wa Habibu yana dariya. Amma tun daga Kazaure kowa a cikinmu uku ya koma tunanin abin da ke jira.

Ba mu shiga gida ba, ƙofar mai unguwa muka zarce. Kafin a ce haka wuri ya cika, 'yan sintiri a gefe guda da bindigoginsu, Habibu a durƙushe a tsakiya. Ni ina daga cikin zaure ina leƙe ina ji. Ɗanlami ya faɗi duk abin da ya gani daki-daki, motocin, ƙauyen da aka gina don wuta, tsohuwar da geronta. Wani daga cikin abokan sintirinsa ya ce to ko ma fim ne, wanda ya iya cinna wuta haka ai hannunsa ya saba.

Ɗanlami ya juya ya dube shi.

Ya ce, "Sau uku ana ba yaron nan wuta yana yar da ita, a kan gero, kuma da izinin masu shi. Ni sau ɗaya aka ba ni a bakin rafi, kana tsaye, ban yar ba. In akwai wanda za a yi wa tambayoyi a gidanmu, ba shi ba ne."

 Mutumin ya sunkuyar da kai, sauran ma babu wanda ya ɗago. Can mai unguwa ya yi gyaran murya ya ce Habibu ya tashi ya shiga gida ya ci abinci, magana ta ƙare.

To kun ji yadda aka yi. Habibu yana nan, shi ya ɗaure mini wakena bana. Ɗanlami ya mayar da bindigarsa ya koma gindin dalbejiya, maganar wanda zai tsaya wa gidanmu a sintiri kuwa har yanzu ana kai da kawowa. Zangarniyar tana rataye a ɗakina inda ɓera ba zai kai ba, duk mai son gani ta zo, amma ban da murza. Shekaranjiya Ɗanlami ya leƙo ya ce in damina ta faɗi in ba shi guda ɗaya. Na ce masa, ƙaramin miji, ba a ba da irin Nijar kyauta, sai ka yi mini noman farko. Ya ce tsohuwa da ke har yanzu ba ki daina cin zalin na ƙasa ba. Na daɗe ban ji daɗin zagi irin na ranar ba.